Jirgin da Ke Barin Mutum Ya Yi Barci

Mu masu rubuta manhaja, abincinmu yana cikin rubutun da ke aiki da kansa: ka jera kalmomi, na'ura ta bi. Shi ya sa duniyar Earthsea, wadda Ursula Le Guin ta buɗe da littafinta na 1968, ba ta yi mana baƙunta ba. Can ma sai da Ged ya durƙusa gaban malaminsa Ogion ya koyi haruffa 600 na rubutun Hardic.

Amma jiragen ruwansa biyu ne suka fi tsaya mana a rai. Ɗaya ya harhaɗa da tarkacen katako bayan teku ta watsar da shi kan tudun yashi, ya ɗaure shi da tsafi. Jirgin na tafiya, sai dai babu damar barci, don da ya rintsa tsafin zai kwance, ruwa ya shigo. Mun san wannan jirgi. Shi ne manhajar da aka yi wa faci cikin gaggawa, mai tayar da mu ƙarfe 2 na dare, alhali albashin jama'a na cikinta.

Ɗayan shi ne Lookfar. Wani tsoho ya ba shi bayan ya warkar masa da yanar ido. Katako ne mai ƙwari, aikin masassaƙi, ga idanu an zana masa a goshi. Da shi Ged ya wuce tsibirin ƙarshe na gabas, ya shiga ruwan da babu a taswira.

Mu ma in nesa muke son zuwa, sai mun fara sassaƙa irinsa.