"Ni Dai Buga Takarda Nake Yi"

Jama'a, akwai tsofaffin mata biyu Jamusawa da na kasa fitarwa daga raina tun da na kalli hirarsu. Dukkansu sakatarori ne a gwamnatin Nazi lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, kuma dukkansu sun zauna gaban kyamara a lokacin tsufansu suka faɗi abin da suka gani.

Ta farko Traudl Junge. Tana 'yar shekara 22 ta zama sakatariyar Hitler a ƙarshen 1942, kuma ita ta buga wasiyyarsa a ɗakin ƙarƙashin ƙasa a Berlin cikin Afrilun 1945. Ta rasu a Fabrairun 2002, daidai lokacin da aka fara nuna fim ɗin hirar tata. Ta biyu Brunhilde Pomsel, ma'aikaciya a ofishin Goebbels, ministan farfaganda. Fim ɗinta ya fito a 2016, ta rasu a 2017 tana da shekara 106.

Abin da ya haɗa su shi ne wata ɗaliba, Sophie Scholl, wadda aka sare wa kai a Munich ranar 22 ga Fabrairun 1943, tana da shekara 21, saboda ta raba takardun adawa da Hitler a jami'a. Pomsel ta ce fayil ɗin shari'ar ya zo hannunta, aka ce ta adana kada ta duba, ba ta kuwa duba ba. Har ta tsufa tana cewa ba ta san kisan da ake yi wa Yahudawa ba, alhali ƙawarta Bayahudiya a sansanin Auschwitz ta mutu. Ita kuwa Junge ta daɗe tana lallashin kanta da cewa yarinya ce a lokacin, sai wata rana ta wuce allon tunawa da Sophie, ta ga ashe kusan sa'arta ce. Nan ta gane ƙuruciya ba hujja ba ce, da ta so sani da ta sani.

Wallahi abin da ya fi tsorata ni shi ne babu wadda ta yi kama da muguwa. Mata ne masu ladabi da zuwa aiki a kan lokaci, albashi kawai suke nema. Amma zalunci ba ya tafiya da ƙafar shugaba shi kaɗai. Sai da mai buga takarda, da mai ɗaukar fayil, da mai kau da kai.

To mu fa? Mai aiki a ofis, mai yi wa ɗan siyasa rubutu a Facebook, mai sa hannu bai karanta ba: ranar da jikanka zai tambaye ka, me za ka ce? "Umarni aka ba ni" ba ta wanke kowa. Buɗe fayil ɗin tun kana da sauran ƙarfin cewa a'a.

Allah Ya tsare mu da cin abinci da jinin bayinSa.