Injin Wuta da Sauti

Masu ƙagen injin da zai juya lokaci da wuta da sauti sun zaɓi abubuwa biyu da ke shaida cewa lokaci ba ya komawa baya. Itacen da ya zama toka babu dabarar da za ta sake tsayar da shi, sauti kuwa yana gudun kusan mita 343 a daƙiƙa cikin iska, yana raguwa har ya ɓace. Wani zai ce ai tun 1877 Edison ya kama murya cikin na'ura, kuma har gobe muna jin Shata, wanda ya rasu a 1999. Gaskiya ne, muryar na taɓa zuciya. Amma faifan zai maimaita waƙar sau dubu, ba zai ƙara mata baiti ko ɗaya ba.