Zogale a Iyana Ipaja: Damina Biyu, Dabara Dabam

Idan ka sauka daga danfo a ƙarƙashin gadar Iyana Ipaja, a kan babbar hanyar Legas zuwa Abeokuta, ba za ka yi zaton akwai wurin da ganye zai tsiro a nan ba. Hayaƙi ne da ihun kwandastoci da kwata ko'ina. Amma ka kutsa lungunan da suka nufi Agege, ka leƙa bayan gidajen haya. Za ka ga buhunan shinkafa da tsofaffin bokitai jere a jikin katanga, wannan da zogale, wancan da rama ko yakuwa. Matan Hausawa ne ke neman miyar gida a wurin da ɗaurin ganye ke cin kuɗin cefane.

Wannan ƙasa ba baƙuwar noma ba ce. A farkon ƙarni na 20 Agege gonakin koko da goro ne, kuma goron nan da layin dogo, wanda ya haɗa Legas da Kano wajajen 1912, su suka jawo kakanninmu suka kafa Zango. Abin da ke kayar da mai shuka a yau shi ne ya zo da lissafin Arewa a kansa.

A Kano damina ɗaya ce. Ruwa yakan zauna a watan Yuni, ya ɗauke a ƙarshen Satumba ko farkon Oktoba, sai rani mai tsawo. Can abin tsoro shi ne fari, don haka manomi ke jira ƙasa ta jiƙa sosai kafin ya zuba iri. A Legas kuwa ruwan shekara ya kusa ninka na Kano, kuma kashi biyu yake zuwa: daga Afrilu zuwa Yuli, sai ɗan sarari a Agusta, sannan ya dawo a Satumba da Oktoba. Nan abin da ke kashe shuka shi ne ruwan da ya kwanta a gindinta. Idan kiɗa ya canza, dole rawa ta canza.

Ɗauki zogale. Ɗan ƙasa mai yashi ne, yana jure ƙishirwa amma saiwarsa na ruɓewa a cikin laka. Uwargida, idan a Agege kike, ki shuka shi da ruwan farko, a ƙarshen Maris ko Afrilu, don ya yi ƙarfi kafin mamakon Yuni da Yuli. Idan wannan ya wuce ki, ki jira sararin Agusta. Ki huda ƙasan buhu a wurare da yawa, ki sa tsakuwa, ki haɗa ƙasa da yashi da ruɓaɓɓen taki, sannan ki ɗora buhun a kan bulo. Zurfin gaɓar yatsa ɗaya ya ishi ƙwayar, cikin mako ɗaya zuwa biyu za ta fito. Idan ya kai ƙugu ki tsinke kansa, sai ya yi rassa maimakon ya zama sanda.

Akwai kuma waɗanda Legas ta fi Kano yi musu daɗi. Alayyafo, wanda maƙwabtanki Yarbawa ke kira tete, yakan isa tsinka cikin kamar wata guda. Lalo shi ne ewedunsu; ki tsoma irinsa a ruwan zafi na ɗan lokaci kaɗan don ya yi saurin tsirowa. Shuwaka kuwa reshe kawai za ki soka a ƙasa mai danshi. Tumatir da albasa su ne masu wahala, domin laima na jawo musu ciwon ganye. Shi ya sa kwandunan da kike gani a kasuwar Ile-Epo da Mile 12 yawancinsu daga Arewa aka ɗauko su. In za ki gwada tumatir, ki bari sai Nuwamba, ki riƙa ban ruwa.

Sai maganar lafiya, wadda ita ce dalilin wahalar. Waɗannan ganyayyaki suna ɗauke da sinadarin ƙarfe da ke taimakon jini da bitamin A mai kare ido, abin da yara da masu juna biyu ke buƙata. Amma kada a yi gyaran gangar auzinawa. Ban da ruwan kwata wajen ban ruwa, ban da bokitin da ya taɓa ɗaukar fenti ko baƙin mai, kuma a nisanta buhunan daga bakin titi. Kashin shanu, ko daga wajen mayankar Oko-Oba aka samo shi, a bar shi ya ruɓe na watanni kafin ya taɓa abin da za a ci. Duk mazubin da ruwa ya kwanta a ciki a kife shi, domin mako guda ko ɗan fiye ya ishi sauro ya ƙyanƙyashe.

Maigida, in za ka je gida bana, ka sako irin zogale da na yakuwa a jaka. Ka ajiye su a kwalba mai murfi, don laimar Legas na lalata iri, har ruwan farko ya sauka.