Manomin Ehb ya sauka a Kademi

Mai shagon da ya sayar mana da igiya a titin Beirut ya tambaye mu wane ofis za mu haɗa wa kwamfutoci. Da muka ce masa Kademi za mu kai ta mu yi wasa, sai ya ɗago kai ya dube mu ɗaya bayan ɗaya, sannan ya ci gaba da matse kawunan igiyar bai ƙara cewa uffan ba. Igiya huɗu shuɗaye ya yanka mana, ya haɗa mana da wani ɗan akwati na hannu mai ƙofa biyar da ake kira suwic. Su ke nan kayan tafiyarmu, sai kwamfutocin tafi-da-gidanka guda huɗu, duk ƴan gwanjo, ɗaya ma batirinta ya mutu murus.

Mu huɗu ne tun makarantar kwana, ɗaki ɗaya, kwano ɗaya. Uku muka samu gurbi a Jami'ar Bayero. Na huɗunmu, wanda muke kira Sarkin Noma tun muna aji uku, mahaifinsa ya rasu a shekarar da muka gama, shi ne babba a ɗakinsu, sai ya koma Kademi ya kama gona. Da farko kullum yana cikin hirarmu ta WhatsApp. A hankali ya koma sai ranar Juma'a, daga nan sai a yi wata ba a ji ɗuriyarsa ba. Mun gwada jawo shi wasannin waya da ake yi ta intanet, amma data ta yi masa tsada, sabis kuma yana yi yana ɗaukewa, kafin ya motsa an harbe shi. Da hutun ƙarshen shekara ya zo sai Injiniya, wanda ke karatun kwamfuta, ya ce ai tun kafin a haife mu mutane ke wasa tare ba data, kuma zumunci a ƙafa yake.

Mun fita ta Mariri da hantsin Litinin, hazo ya rufe gari. Da yake ba Juma'a ba ce, ranar kasuwar shanu, mun haye gadar Wudil ba cunkoso, muka karkata zuwa Gaya. A motar fasinjoji suka ɓarke da musu kan masarauta: yadda aka ba Gaya sarki mai daraja ta ɗaya a 2019, aka rushe a 2024, aka kuma dawo da ita a mataki na biyu tare da Ajingi da Albasu. Wani dattijo da ke gaba ya kashe musun da tuna mana cewa ko Kanon ma, a yadda ake ba da labari, maƙeran Gaya ne suka je Dala neman tama suka kafa ta, don haka mu ƴan birni mu riƙa magana a hankali. Muka ce mun ji, Baba.

Daga Gaya zuwa Kademi gonaki ne hagu da dama, an gama girbi, an jingine karan dawa tsibi-tsibi. Harawar wake da ta gyaɗa na kan rassan bishiyoyi da rufin ɗakuna inda awaki ba sa kaiwa. Amalanken shanu na tafe da buhuna, yara na bin su a baya, fuska furu-furu da ƙura. Kademi ba ƙaramin gari ba ne yadda muka zata. Akwai kasuwa, akwai makarantu, ga ƴan babur birjik a bakin hanya, amma da an idar da sallar isha'i shiru ke sauka, in ban da rediyon mai shayi.

Sai da muka shiga muka durƙusa muka gaida Inna, ta dama mana fura a ƙwarya, sannan Sarkin Noma ya kai mu inda za a yi abin. Ɗan shago ne a jikin zauren gidansu inda yake cajin waya, da faifan sola biyu a kan rufi da batir biyu a ƙarƙashin tebur. Da rani, in babu aikin gona, wannan shagon ne cefanen gidan. Mun ji ya faɗi haka, amma hankalinmu na kan igiya.

Ga wanda bai taɓa gani ba, abin ba wuya. Kowace kwamfuta a soka mata igiya, ɗaya kan a soka a suwic, sai a ba kowacce lamba kamar lambar gida: ta farko 192.168.1.1, ta biyu a ƙare da 2, haka har huɗu. Daga nan suna iya magana da junansu ba tare da saƙon ya bar ɗakin ba. Ba sabis, ba data, ba kamfanin da za a biya. Mutum ɗaya ya buɗe wasan, sauran su gan shi a jeri su shiga. A baki ke nan. A aikace daren farko ya kusa ƙarewa ba mu ga juna ba. Injiniya ya kashe katangar tsaron Windows, ya tono wani tsohon sashe mai suna DirectPlay da sababbin Windows ke zuwa da shi a kashe, ya kunna, uku suka haɗu, ta huɗu ta ƙi. Ya sauya lamba, ya kashe ya kunna, gumi na keto masa duk da sanyi. Sarkin Noma, da ke tsugune yana kallo, shi ya ce, "Wai ba ku ga fitilar ƙofa ta huɗu ba ta ƙyaftawa kamar sauran ba?" Ɗan maƙalin kan igiyar ne ya karye a jaka. Ya tsaga tsinken ashana ya tokare ta, fitila ta kama. Har yau Injiniya ba ya son a tayar da maganar.

Wasan da muka kawo sunansa Dungeon Siege. Kamfanin Gas Powered Games na Amurka ne ya yi shi ƙarƙashin jagorancin Chris Taylor, Microsoft ta fitar da shi a 2002, wato ya girme mu duka. A cikin tarkacen yayan Injiniya muka tsinci faya-fayansa. Yana cikin irin wasannin da mutum ke ɗaukar ɗan wasa ɗaya ya raine shi, daga ba shi da komai har ya zama jarumi, kuma mutum takwas na iya shiga tare. Masu kallon fim za su tuna wani na Jason Statham da aka gina a kansa a 2007, kodayake mu wasan ya fi mana. Dalilin da ya sa muka zaɓe shi shi ne farkonsa: jarumin manomi ne a wata masarauta mai suna Ehb, yana cikin gonarsa wasu halittu da ake kira Krug suka auka wa yankin, wani tsohon abokinsa da ke bakin mutuwa ya aike shi garin Stonebridge ya kai labari.

Mun zaci abin zai taɓa zuciyar Sarkin Noma. Dariya ya yi har da riƙe ciki. Ya zagaya gonar, ya ce ba rumbu, kunyoyin ba su miƙe ba, kaji na yawo cikin shuka. Ya ce ko Krug ba su zo ba, wannan mutumin yunwa ce za ta kore shi.

Abin da muka fi so a wasan shi ne ba a tambayar ka wane ne kai. Abin da ka yawaita yi shi kake zama. In ka riƙe takobi kana sara, ƙarfinka ya ƙaru. In baka ka riƙe, hannunka ya faɗa. Haka ma masu jifa da wuta da masu warkarwa. Dogo ya ɗauki gatari ya shige gaba, Injiniya ya koma jifa daga nesa, mai rubutun nan ya riƙe baka saboda tsoro. Sarkin Noma ya zaɓi warkar da mutane, aikin da ba wanda ke so, don ba ya kawo ganima. Muka sa masa malamin asibiti. Dabararsa ba ta yi kama da tamu ba. Mu da mun ga kwalbar magani ja sai mu kwankwaɗe, shi kuwa ya lura ɗan wasa na kurɓar abin da yake buƙata ne kawai ya ajiye saura, don haka yakan fita daga kogo da rabin guzurinsa. A wasan mutum ɗaya ana sayen alfadari ya ɗauki kaya. Mu ba mu samu ba a namu, sai muka ɗora wa Dogo aikin, sunan kuma ya bi shi har Kano.

Rigima ba ta rasa ba. Wani sulke ya faɗo, Dogo ya wawure alhali bai kai ƙarfin sa shi ba, aka yi ta cacar baki har mai shayi ya leƙo. Wannan shi ne bambancin wasan ɗaki ɗaya da na intanet: wanda ya cuce ka yana nan kusa da gwiwarka, kuma da shi za ka ci tuwo da safe. Dole ya mayar.

A dare na biyu yara suka cika ƙofa da taga, sai ga kawun Sarkin Noma da tocila. Muka miƙe muka gaishe shi. Ya daɗe yana kallon allon, sannan ya ce, "Kuɗi kuke sawa?" Muka ce a'a, Kawu, ko kwabo. Ya tambayi wutar da Injiniya ke jefawa, ko tsafi ake koya wa yara. Muka ce zane ne, kamar tatsuniyar Gizo da aka sa wa hoto. Bai nuna ya gamsu sosai ba, amma ya kafa sharaɗi: in an kira salla a rufe, yara su watse ƙarfe tara, kuma kada a karɓi sisin kowa. A ganinmu bai yi tsauri ba. Mun san ɗakunan wasa a birni inda kuɗin makaranta ke narkewa.

Washegari da rana muka bar yaran suka taɓa. A nan muka ga abin da ba mu zo dominsa ba. Ƙanen Sarkin Noma yana ajin ƙarshe na sakandare, ya iya waya kamar me, amma da aka ba shi linzamin kwamfuta sai ya ɗaga shi sama yana nuna allo. Tun 2015 jarrabawar JAMB gaba ɗaya a kwamfuta ake yin ta. Gaskiya ne an sauƙaƙa, ana iya amsawa da ƴan maɓallai kawai, amma yaron da hannunsa ke rawa a gaban na'ura ya riga ya zubar da minti goma kafin ya karanta tambayar farko. Wannan wasa kuwa kusan duk da linzami ake yin sa: danna nan ka tafi, ja wancan ka sa a jaka. Kafin la'asar yaron na jan kaya yana jerawa, yana kuma tambayar ma'anar kalmomin Turancin da ke fitowa. Ƙannensa mata biyu da suka kawo mana abinci suka tsaya daga bakin ƙofa, sai da Inna ta ce su shiga sannan suka zauna, ƙaramar ta fi kowa saurin kamawa.

Dare na uku muna tsakiyar wani kogo, na'urar solar ta yi ƙara, komai ya mutu. Kwamfuta uku suka tsaya a kan batirinsu, amma suwic ya ɗauke, kowa ya koma shi kaɗai. Muna ta ƙorafin an yi asarar tafiya, don a wasan tare ɗan wasanka kawai ake ajiyewa, dodannin da ka kashe duk suna dawowa. Sai muka lura Sarkin Noma ya yi shiru yana duba wayoyin mutane da ke kan tebur, sama da goma, ko ɗaya ba ta cika ba. Hazo ya hana rana, ƙura ta rufe faifan, ɗan abin da batir ya tara mu muka shanye. Ashe tun daren jiya yake mayar wa mutane kuɗinsu, bai faɗa mana ba don kada mu ji kunya. Mun ji ta kuwa. Mu da muka zo da sunan zumunci, kwana biyu muna cin cefanen Inna.

Da asuba muka hau rufi da tsumma muka goge faifan. Muka haɗa kuɗin da muka ware na tsire, muka sayi fetur, wanda tun cire tallafi a watan Mayun 2023 ya zama abin da ake aunawa da kwalba, muka ari janareton maƙwabci. Wayoyin mutane aka fara cikawa, aka kuma bi masu su gida-gida da ban haƙuri. Sai da ta ƙarshe ta cika muka soka namu.

A daren ƙarshe ba mu yi nisa ba. Mun isa Stonebridge, muka tsaya a bakin gari, hira ta ɗauke mu. Dogo ne ya yi ƙarfin halin tambayar ko zai sake zama jarrabawa. Ya ce yana so, amma wa zai riƙe gona da damina, kuma in kuɗin rajista na mutum ɗaya ne, ƙanensa ne a gaba. Ba mu da amsa. Injiniya ya ce tsohuwar kwamfutar nan mai mataccen batir dama ba mai amfani da ita, zai sa mata tambayoyin shekarun baya ya bar ta, da suwic ɗin, da igiya biyu, ko wani zai zo da tasa. Sarkin Noma ya ce sai dai aro. Muka ce to, aro.

Inna ta cika mana leda da gyaɗa da ƙuli-ƙuli. Muna kan gadar Wudil saƙonsa ya shigo, na farko cikin wata biyu. Ya ce mun manta tsinken ashanar a jikin igiyar da muka tafi da ita, kada mu yar, kuma ƙaramar ƙanwarsa na tambaya nawa ake sayar da alfadarin.