Gidan Nasarawa da Zuriyar Dabo

Duk wanda ya baro cikin birni ta Ƙofar Nasarawa ya miƙe titin State Road, zai ji gari ya sauya kafin ya ankara. Hayaniyar 'yan Adaidaita Sahu takan ragu, inuwar darbejiya ta rufe hanya, gidaje su ja da baya su ɓuya a bayan dogayen katangu. Nan ce Nasarawa GRA, unguwar da Turawan mulkin mallaka suka keɓe wa kansu. Na yi shekaru ina wucewa ta nan a mota. Ranar Asabar da ta gabata na ajiye motar bayan la'asar na taka da ƙafa, domin in sake duban gidaje biyu da ke maƙwabtaka a wannan titi: Gidan Gwamnati da gidan Sarki na Nasarawa. Na sha gaya wa ɗalibaina cewa wanda ya gane wannan maƙwabtaka ya gane rabin tarihin sarautar Kano.

Kafin a zo kan gidan, sai an koma kan masu shi. A 1819, bayan rasuwar Sarki Sulaimanu, Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya naɗa Malam Ibrahim Dabo, Basulluɓe, Sarkin Kano. Daga ranar har yau, fiye da shekara 200, ba wanda ya hau gadon Kano sai jininsa. Ya yi sarauta zuwa 1846, sannan 'ya'yansa uku suka biyo baya ɗaya bayan ɗaya: Usman Maje Ringim, Abdullahi Maje Karofi da Muhammadu Bello. Uwarsu ɗaya, Shekara, wadda makarantar 'yan mata ta cikin birni ke ɗauke da sunanta. Ai kuwa mai karatu zai zaci 'yan ɗaki ɗaya ba za su haifar da ɓaraka ba.

'Ya'yansu ne suka yi ta. Da Bello ya rasu a 1893, Sarkin Musulmi Abdurrahman ya ba ɗansa Tukur sarauta, ya tsallake Yusufu ɗan Abdullahi, wanda yawancin 'yan gidan ke tare da shi. Yusufawa suka fice zuwa Takai, aka shiga Basasa. Yusufu ya rasu a tsakiyar yaƙin, ƙaninsa Alu ya karɓi jagoranci ya shiga Kano a 1894, Tukur kuma ya rasa ransa a 1895. A lura da abu guda: hukuncin da ya kunna wutar ba a Gidan Rumfa aka yanke shi ba, daga Sakkwato ya zo.

Shekara tara bayan shigar Alu birni, wani hannun na waje ya sake tsomawa. A watan Fabrairun 1903 sojojin Ingila suka ci Kano, Alu yana Sakkwato. Waziri Ahmadu ya kwanta dama a fagen Kwatarkwashi, Wambai Abbas kuma ya jagoranci wani ɓangare na jama'a zuwa gida, Lugga ya naɗa shi Sarki. Alu ya ƙare rayuwarsa a Lakwaja a 1926. Su ukun 'ya'yan Abdullahi Maje Karofi ne.

A zamanin Abbas ne gidan Nasarawa ya sami matsayin da muka san shi da shi. Razdan ya kafa mazauninsa a wajen ganuwa, Sarki kuma yana bukatar masauki kusa da shi. A wannan yanki ne Hanns Vischer, Ɗan Hausa, ya buɗe makarantar boko a 1909, gidansa na ƙasa yana nan tsaye har yau. Ɗalibai kan yi gardama a kan sunan unguwar, wasu su ce daga Nasara ne, wasu su ce daga nasara. Dukkan ma'anonin biyu sun dace da wurin, ya danganta da wanda aka tambaya a 1903. Daga wancan zamani muka gaji Hawan Nasarawa, kwana biyu bayan Sallah, inda Sarki kan yada zango a wannan gida sannan ya wuce ya gaida mai mulki. Da Razdan ne, yau Gwamna. Mun saba kallon dawaki da alkyabbu da 'yan kwalkwali, har mun daina tambayar wa ke hawa zuwa ƙofar wa.

Abbas ya rasu a nan a 1919 aka binne shi a nan, shi ya sa ake ce masa Maje Nasarawa. Daga nan masauki ya zama makwanci. Ɗansa Abdullahi Bayero, wanda ya yi sarauta daga 1926 zuwa 1953, yana kwance a ciki. Ina cikin dubban da suka biyo gawar Ado Bayero ranar Juma'a 6 ga Yunin 2014, bayan ya shekara 50 da 'yan watanni a kan gado. Ban iya kusantar ƙofar ba saboda cunkoso. A gindin wata bishiya na tsaya, takalmina ɗaya ya ɓace a turereniya. Kusa da ni wani dattijo yana kuka yana ƙirga sarakunan gidan da yatsunsa, kamar mai ƙirga 'yan uwansa. A lokacin na ga abin da takardun digirina ba su nuna mini ba, wato talakan Kano yana riƙe da wannan salsala a ka, yana kuma jin tasa ce.

To amma dubi yadda aka yi da ita. A 1963 gwamnatin Jihar Arewa ta sa Sarki Muhammadu Sanusi, ɗan Abdullahi Bayero, ya yi murabus bayan binciken Muffett, aka kai shi Azare. Baffansa Muhammadu Inuwa ya yi 'yan watanni, sannan ƙaninsa Ado. Ranar 9 ga Maris 2020 gwamnatin Kano ta sauke jikansa, Muhammadu Sanusi II, aka kai shi Awe, ta naɗa Aminu Ado Bayero. A watan Mayun 2024 wata gwamnatin ta soke dokar masarautu ta 2019, ta maido da Sanusi II Gidan Rumfa, Aminu Ado kuma ya sauka a gidan Nasarawa, shari'a ta yi ta jan ƙafa a kotuna. Mahaifin Sanusi II da Aminu Ado 'ya'yan wa da ƙani ne. Uwargidan Sanusi II 'yar Ado Bayero ce. Kakan ɗayan shi ne kakan mahaifin ɗayan, yana kuwa kwance a bayan katangar da nake tsaye a gabanta.

Irin wannan ba a kanmu aka fara ba. A Faransa, a 1830, reshen Orléans ya karɓe gado daga babban reshen gidan Bourbon, danginsu na jini, bayan wani bore a Paris. Shekara 18 kacal aka kore su su ma. Har yau zuriyar rassan biyu suna jayayya a kan gadon da babu shi. Na taɓa shiga majami'ar Saint-Denis, makwancin sarakunansu, wadda 'yan juyin juya hali suka tone kaburburanta a 1793. Tikiti ake saya a shiga, baƙi na ɗaukar hoto, ban ga mai kuka ba.

Kano ba ta kai nan ba, shi ya sa nake rubutun. Ba ni da gwani a wannan rigima, kuma na san kowane ɓangare yana da hujjar da yake karantawa. Abin da nake gani shi ne, tun daga Tukur, duk reshen da ya hau da ƙarfin wani na waje ya bar wa na bayansa hanyar da za a sauke shi. Masu zaɓen sarki huɗu, Madaki da Makama da Sarkin Bai da Sarkin Dawaki Mai Tuta, suna nan da rawunansu, amma yaron makaranta ma ya san a wane gida na State Road ake yanke magana. Laifin 'yan siyasa a fili yake. Sai dai bango ba ya karɓar ƙadangare sai ya tsage, kuma 'ya'yan gidan ne kaɗai za su iya zama su yarda da ƙa'idar gado wadda ba za ta sauya da kowane zaɓe ba. Asarar ba tasu ba ce su kaɗai. An hana hawan Sallah fiye da sau ɗaya tun 2024, kuma masu ɗinkin kayan doki da masu rini da maroƙa da masu sayar da abinci a bakin hanya su ne suka fara ji a aljihunsu.

Ban shiga gidan ba. Motocin jami'an tsaro suna bakin ƙofa, ni kuwa ba ni da wata hujja sai son sani. Na tsaya daga tsallaken titi na yi wa mamatan ciki addu'a, wani mai sayar da rake yana kallona. Da aka fara kiran magariba na juya, na bi ta Alu Avenue na koma inda na bar motata.