Aron Ruwa da Cin Ƙasa



Ran Talata da dare jikata tana bitar karatunta, ga 'yar fitila a gabanta, don lantarki ya ɗauke tun la'asar. Can sai ta ɗaga kai ta ce, "Kaka, ashe ana iya samun wuta daga kogi ba sai an tare shi ya zama tafki ba?" Ina cikin tsinkar zogale, sai na ji hannuna ya tsaya. Na ce, "Kishiya, sake karanta mini wurin nan."

Ga dalilin da ya sa maganar ta taɓa ni. Ni a gungu aka haife ni, tsakiyar Kwara, cikin ƙasar Yawuri. Iyayenmu manoman albasa ne, da ƙwarya muke yi mata ban ruwa. Cikin 1964 aka soma gina madatsar Kainji, cikin 1968 ruwa ya taso, ina 'yar shekara 9. Mutum wajen 44,000 aka tasa, har tsohon garin Busa ya nutse. Mu a kwalekwale muka haura tudu. Uwata ta kwashe tukwanenta, amma dutsen niƙan da ta gada wurin uwarta ya yi nauyi, aka bar shi. Har ta rasu, in ta duƙa niƙa sai ta ce wannan dutse bai kai nata laushi ba.

Kada ku ce kushe nake yi. Cikin 1969 Janar Yakubu Gowon ya buɗe madatsar, wutarta ta haska manyan birane da asibitoci, masunta kuma suka sami kifi mai yawa a shekarun farko. Kainji kamar rumbu take. Tana tara farin ruwan damina, da baƙin ruwan da kan taso daga ƙasar Gini ya bi ta Mali ya iso mana lokacin sanyi, sa'an nan ta riƙa sakinsa kaɗan-kaɗan. Amma rumbun da tsawonsa ya kai mil 80, lalle a kan gonar wani aka kafa shi.

To, ga yadda ƙaramar tashar da yarinyar ta karanta mini take. Akan gina ɗan gajeren shinge a kogi, a karkato wani kashi na ruwan cikin bututu. Bututun ya gangara da shi da ƙarfi ya bugi farfela, farfela ta juya inji, inji ya ba da wuta. Daga nan ruwan ya koma kogi ya ci gaba da tafiyarsa. Watau aro ne, kamar yadda maƙwabciya kan ari turmi ta yi dakanta ta mayar. Tun cikin shekarun 1920 aka soma kafa ƙananan tashoshin wuta na ruwa a ƙasar Jos, saboda masu haƙar kuza.

Amma kowane allazi da nasa amanu. Ita wannan tasha ba ta da ajiya. In rani ya yi, kogi ya ja baya, wutarta ta ragu. Sai kuma an sami wurin da ruwa ke gangarowa sosai, ba ko'ina take yiwuwa ba. Wutarta kuwa ta 'yan garuruwa ce, ba ta ƙasa duka ba.

Abin da nake so ku riƙe shi ne wannan. Ran da aka zo auna ƙasarmu, maza aka tara, ba wanda ya tambayi uwata inda take so a sa mata madafi a sabon gida. Ko da an tambaye ta ma, ba ta san aikin ruwa iri-iri ne ba, balle ta ce wani abu. Ku 'yan makaranta, ku dage da lissafi da kimiyya. In wata rana aka zo garinku da igiyar awo, ku tashi cikin ladabi ku yi tambaya uku: Ina ruwan zai kwanta? Gonar wa zai ci? Wutar kuma gidan wa za ta fara shiga?

Jikata ta ce ita injiniya za ta zama. Na ce, "Allah Ya sa, Kishiya. In kin zama, ki tuna da dutsen da ke ƙarƙashin tafkin can."

Allah Ya ba 'ya'yanmu ilmi mai amfani, amin.