Ranar da 500 da 300 suka ba ni 500300

Idan ka fara koyon Python, akwai ramin da ke jiran ka, ni ma sai da na faɗa ciki.

Yayana yana da shagon kayan masarufi, na yi masa alƙawarin ɗan shirin kwamfuta da zai riƙa haɗa masa cinikin yini. Ranar gwaji na zauna ina ta taƙama, na shigar da 500, na shigar da 300, sai ga 500300 a allo. Ya ce, "Injiniya, ashe na yi kuɗi ban sani ba!" Ya jawo littafinsa da biro. Wallahi na ji kunya.

Ka ga a C ko Java, tun farko za ka faɗi nau'in abin da bariyabul zai riƙe, lamba ce ko rubutu. Python ba ruwansa da wannan. A wurinsa bariyabul suna ne kawai da ka liƙa wa abu, nau'in kuma yana jikin abin. Ka rubuta x = 500, yanzu x lamba ce, wato int. Layi na gaba ka ce x = "500", ya koma rubutu, wato str, ba wanda zai ce maka uffan.

To shi input() duk abin da ka buga, rubutu yake miƙo maka, ko da lambobi ne. Alamar + kuwa in ta samu rubutu biyu, jera su take yi. Da ma "500" + 300 na rubuta, da Python ya tsayar da ni da TypeError. JavaScript ko wannan ma ba zai yi ba, shiru zai ba ka "500300".

Maganin shi ne int(input()). Amma kar ka yi irin zaƙewata: na bi komai na sa masa int, har lambobin wayar masu bashi, sai sifilin farko ya ɓace, 0803 ta koma 803. Lambar waya ba a lissafi da ita, bar ta a rubutu.

Duk sanda sakamako ya ɗaure maka kai, buga print(type(x)) ka ga da wa kake magana. Yayana dai ya karɓi shirin, amma har yau littafin nan yana ƙarƙashin kanta.